Wai da gaske manɗiƙin da muke karantawa a zaure na Girkawa ne?

Ɗan Zazzau: Assalamu alaikum malamai da 'yan uwa. Don Allah masu sani su warware mini wannan. Mun fara karatun littafin Sullam na manɗiƙi, wato ilimin dokokin tunani da kafa hujja, a wajen malaminmu, sai wani abokin karatu ya ce wai fannin gaba ɗayansa ba na Musulmi ba ne, wani Bagirke ne mai suna Aristo ya tsara shi tun kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Abin ya ɗaure mini kai, domin mai Sullam ɗin shi ne dai mai Ahalarin da muka koyi alwala da salla a cikinsa. Ta ina kayan Girkawa suka biyo har suka zauna kusa da Iziyya da Risala? In kuma gaskiya ne, ya halatta mu ci gaba?

Abu Huzaifa: Wa alaikumus salam. Abokinka bai yi maka ƙarya ba. Aristo ya rayu daga 384 zuwa 322 kafin haihuwar Annabi Isa, a cikin mutane masu bautar gumaka. Ibnus Salah ya ba da fatawa mai zafi a kan haramcin shagaltuwa da manɗiƙi, Imam Nawawi ma yana kan haramci, Ibnu Taimiyya kuwa littafi guda ya rubuta na raddi ga ma'abotansa. Ya ce mai kaifin basira ba ya bukatarsa, daƙiƙi kuma ba ya amfana da shi. Sahabbai sun fi kowa fahimtar addini kuma ba su san shi ba. Shawarata ka mayar da lokacinka kan hadisi da fiƙihu.

Almajirin Madabo: Malam Abu Huzaifa, Allah ya saka da alheri, amma ka faɗi kaso ɗaya cikin uku. Ɗan Zazzau, buɗe Sullam ɗin da ke hannunka, can farko-farko akwai fasali a kan hukuncin karanta fannin. Mai littafin, Shehu Abdurrahman Al-Akhdari, da kansa ya kawo maganganu uku: Ibnus Salah da Nawawi sun haramta, wasu sun ce ya kamata a san shi, magana ta uku wadda ya inganta ita ce ya halatta ga mai cikakkiyar basira wanda ya goge da Alƙur'ani da Sunna. Bai ɓoye saɓanin ba. Masu sharhi kuma sun yi bayanin cewa wannan saɓani a kan manɗiƙin da ke cakuɗe da aƙidun 'yan falsafa yake, ba a kan tatacce irin na Sullam ba. Ya wallafa shi a shekara ta 941 bayan Hijira, yana ɗan shekara 21, a ƙasar da ake kira Aljeriya yanzu.

Ɗan Zazzau: Allah ya gafarta Malam, na ga wurin. To amma tambayata ta farko tana nan: ta yaya ya taso daga ƙasar Girka ya iso nan?

Ummu Sumayya: Bari in ɗan tsoma baki, tunda tarihi nake koyarwa. Tafiyar doguwa ce, kuma hannu da yawa ta bi.

A birnin Atina aka yi malamai uku a jere. Sukurat, wanda bai rubuta komai ba, aikinsa yi wa mutane tambaya a kasuwa har sai sun gane abin da suke ɗauka sun sani ba su san shi ba. Mutanen garin suka yanke masa hukuncin kisa a 399 kafin haihuwar Annabi Isa. Sai almajirinsa Aflatun, sai almajirin Aflatun, wato Aristo. Aristo ne ya zauna ya tsara dokokin kafa hujja: wane irin jerin magana ne dole ya haifar da sakamako, wane iri ne yaudara. Bayan ƙarnuka cibiyar karatun ta koma Iskandariyya ta Masar. A nan aka daidaita manhaja, ana fara wa ɗalibi da wani ɗan littafin gabatarwa na Furfuriyus, mutumin Sur da ke Labanan ta yau. Littafin Isaguji na Abhari da ake karantawa a wasu zaurukanmu, daga wancan littafin ya gaji sunansa da tsarin farkonsa.

Daga Iskandariyya, malaman Kiristoci na Sham da Iraƙi suka juya wasu littattafan zuwa harshen Suryani, domin suna bukatar manɗiƙi a jayayyar da ke tsakanin ɗariƙunsu. Da Abbasiyawa suka gina Bagadaza a 762, sai aka buɗe aikin fassara zuwa Larabci da gaske, kuma ya ɗauki kusan shekara 200. Shahararren mai fassara shi ne Hunain ɗan Is'haƙ, Kirista ne likita, ya rasu a 873. Yakan tara kwafi da dama na littafi ɗaya ya gwada su da juna kafin ya fassara. Ɗansa Is'haƙ ya fassara da yawa daga littattafan Aristo. Kafin ƙarshen ƙarni na 10 kusan duk abin da ya rage na Aristo ana iya karanta shi da Larabci.

Abu Huzaifa: Malama, kin tsallake wani abu. Wane ne babban mai ɗaukar nauyin wannan aiki? Halifa Ma'amun. Shi ne kuma ya buɗe fitinar cewa Alƙur'ani halitta ne a 833, wadda a cikinta aka ɗaure Imam Ahmad, aka yi masa bulala a zamanin Mu'utasim. Ku dubi abin da itacen ya haifa.

Ummu Sumayya: Malam, fitinar ta faru, kuma zalunci ce, ba mai kare ta. Amma ɗaura ta a wuyan fassara kai tsaye bai dace da tarihi ba. An fara fassara tun zamanin Mansur, kakan mahaifin Ma'amun ke nan in ka ƙirga ta Mahdi da Haruna. Kuma Mutawakkil, wanda ya kashe wutar fitinar, shi ne ya riƙe Hunain a matsayin likitan fadarsa, aikin ya ci gaba. Ba halifofi kaɗai ke biya ba, har wazirai da attajirai da likitoci, irin 'ya'yan Musa ɗan Shakir su uku da ke biyan masu fassara albashi duk wata. Mutane na son littafin likitanci, da lissafi don rabon gado da awon ƙasa, da ilimin taurari. Mu'utazilawa kuma, masu aƙidar cewa Alƙur'ani halitta ne, asalinsu daga jayayyar cikin gida suka taso a Basra, tun kafin littattafan Aristo su yaɗu.

Bakatsine: Ni abin da ya fi burge ni a wannan zamani shi ne tun a lokacin an yi irin wannan gardamar tamu. Wajen shekara ta 932 a majalisar wani waziri a Bagadaza, an haɗa Abu Bishr Matta, shugaban masu manɗiƙi, da Abu Sa'id Sirafi, malamin nahawu. Sirafi ya ce masa manɗiƙin nan nahawun Girkanci ne kawai, ta yaya zai zama ma'auni ga Balarabe da Ba'indiye da Baturke? Matta ya ce shi ma'ana yake bincika ba lafazi ba, kuma huɗu da huɗu takwas ne a wajen kowace al'umma. Wanda ya ruwaito labarin ya nuna Sirafi ne ya yi rinjaye a zaman. Amma Farabi, wanda ya rasu a 950, ya zo ya ba da amsar da ta zauna: nahawu yana gyara harshen mutane guda, manɗiƙi yana gyara tunanin da duk harsuna suka yi tarayya a kai. Shi ya sa aka yi masa laƙabi da Malami na Biyu, na farkon shi ne Aristo.

Almajirin Madabo: To a nan ne nake so a natsu, domin nan ne amsar Ɗan Zazzau take. Wanda ya shigar da manɗiƙi cikin karatun malaman Sunna ba Farabi ba ne, ba kuma Ibnu Sina ba. Imam Gazali ne, mutumin da ya fi kowa dukan 'yan falsafa.

A littafinsa Tahafut, na raddi ga 'yan falsafa, ya ɗauki mas'ala 20 daga maganganun Farabi da Ibnu Sina ya warware su ɗaya bayan ɗaya. A 17 ya ce bidi'a ce ko kuskure. A uku ya ce kafirci ne: cewa duniya ba ta da farko, cewa Allah bai san ɗaiɗaikun abubuwa ba sai a dunƙule, da cewa ba za a tashi jikkuna ba ranar ƙiyama. To da wane makami ya yi wannan aiki? Da manɗiƙinsu. Ya ce musu: ku da kanku kuka sa sharuɗɗan hujja yankakkiya, kun cika su a lissafi, amma da kuka zo maganar Ubangiji ba ku cika su ba, zato kuke yi kuna kiransa yaƙini. Sannan ya rubuta littattafai na manɗiƙi zalla, irin Mi'iyarul Ilmi, kuma a farkon Mustasfa, littafinsa na usulul fiƙhi, ya sa gabatarwa ta manɗiƙi, ya ce wanda bai san ta ba babu aminci ga iliminsa. Wannan jumlar ce ta fusata su Ibnus Salah daga baya.

Akwai wata magana tasa a littafinsa Munƙiz da ya kamata matasanmu su riƙe. Ya ce addini yana cutuwa da masoyi jahili, wanda ke ganin kare Musulunci shi ne ƙaryata duk abin da 'yan falsafa suka faɗa, har lissafinsu na husufin rana da wata. Sai wanda ya san lissafin tabbatacce ne ya ji haka, ba zai yi shakkar lissafin ba, addinin zai yi wa mummunan zato. Wannan cutar ina ganinta da idona yau a tsakanin 'ya'yanmu da ke jami'a, kuma tana damuna ƙwarai.

Don haka abin da ya iso zaure ba Aristo ba ne ɗanye. An sheƙe shi, an fitar da tsakuwa, an bar ma'auni.

Abu Huzaifa: Akaramakallahu, ina girmama Gazali, amma almajirinsa Alƙali Abubakar Ibnul Arabi an ruwaito ya ce shehinsu ya shiga cikin falsafa, ya so ya fito bai iya ba. Wannan ma a faɗe shi.

Almajirin Madabo: An ruwaito haka, kuma ban musa ba cewa akwai sawun falsafa a rubutunsa. In ka karanta babin gyaran hali a Ihya za ka ga ya ce uwayen kyawawan halaye huɗu ne: hikima, jarumta, kamewa da adalci, kuma kowane hali nagari tsakiya ne tsakanin wuce gona da iri da gazawa. Rabon huɗun na Aflatun ne, maganar tsakiya ta Aristo ce, ta hannun Miskawaihi suka iso. Amma ka gaya mini, wane ɓangare ne a ciki ya saɓa wa Alƙur'ani? Ayar da ta yabi waɗanda in sun ciyar ba sa almubazzaranci ba sa ƙwauro, suna tsakanin haka, ai tana nan a Suratul Furƙan. Ya ga tsari mai kyau ya zuba nassi a ciki.

Bakatsine: Malamai, ku ba ni dama in kawo maganar gida, domin wannan gardamar ta taɓa ƙasarmu kai tsaye. Shehu Magili, wanda ya sauka a Kano zamanin Sarki Muhammadu Rumfa ya rubuta masa nasiha kan mulki, gwanin manɗiƙi ne, yana da waƙe a fannin da sharhohi. Imam Suyuɗi kuma, wanda ya aiko wa sarakunan Katsina da Agadas wasiƙar nasiha daga Alƙahira, yana cikin masu tsananin haramta shi. Da Magili ya ji, sai ya aika masa baitoci. Taƙaitaccen abin da ya ce: manɗiƙi ba komai ba ne face bayyana gaskiya da tabbatar da ita, ka nuna mini inda yake da kuskure in bar shi, ka karɓi gaskiya ko daga bakin kafiri, da gaskiya ake gane mutane ba da mutane ake gane gaskiya ba. Suyuɗi ya mayar da amsa da baitoci shi ma, cikin girmamawa, ya kafa hujja da hanin da Annabi (SAW) ya yi wa Sayyidina Umar kan takardar Attaura. Ahmad Baba na Tumbutu ya kawo wannan musayar a littafinsa na tarihin malaman Malikiyya, kuma shi da kansa ya karanta waƙen Magili na manɗiƙi a wajen malaminsa Muhammad Bagayogo. Littattafan Magili da na Suyuɗi duka suna gafakar malamanmu, ba wanda aka jefar.

Ɗan Zazzau: Ikon Allah. Ashe shekara sama da 500 ana wannan magana.

Almajirin Madabo: Har tauhidin da ka fara da shi. Ummul Barahina ta Sanusi, mutumin Tilimsan da ya rasu a 1490, da me ta buɗe? Da cewa hukuncin hankali uku ne: wajibi, korarre da mai yiwuwa. Sannan kowace siffa ta Allah sai ya kawo mata burhani, wato hujja yankakkiya ta hankali. Sanusi yana da nasa littafin na manɗiƙi. Rarrabe samamme zuwa wajibin samuwa da mai yiwuwar samuwa kuwa, Ibnu Sina ne ya gina shi da ƙarfi, malaman kalam, wato masu kare aƙida da hujjar hankali, na baya irin Fakhruddin Razi suka karɓa suka yi aiki da shi. Sai dai a nan ma an samu masu wuce iyaka. A zamanin Shehu Usmanu akwai ɗalibai da suka riƙa kafirta talakawa don ba su iya jero hujjojin hankali ba, Shehu ya yi rubuce-rubuce da yawa yana yi musu raddi, yana cewa imanin gama-garin Musulmi ingantacce ne. Wannan gefen yana ƙarfafa wani abu daga tsoron Malam Abu Huzaifa, kuma adalci ne a faɗa.

Ummu Sumayya: Kuma jikan Shehu ta wajen 'yarsa Khadija, Abdulƙadir ɗan Tafa, wanda ya rayu daga 1804 zuwa 1864, ya yi rubutu a kan hikima da asalin samuwa, ba tarihi kaɗai ba. Baturen nan ɗan Jamus, Barth, ya haɗu da shi ya yabi zurfin iliminsa. Shi dai Barth ɗin ya ba da labarin wani malami Bafulatani makaho, Faki Sambo, da ya tarar a Masenya ta ƙasar Bagarmi, cikin Chadi ta yau, a 1852, wanda ya yi karatu a Masar kuma ya karanta abin da aka fassara na Aristo da Aflatun.

Badamagare: Salamu alaikum jama'a, ina biye da ku daga Damagaram. Nan Nijar ana koyar da falsafa a ajin ƙarshe na sakandare, kuma darasin da nake koyarwa ke nan. Matsalar da nake fama da ita kishiyar taku ce. Yaranmu suna ɗauka tafiyar daga Atina ta tashi ta dira Faransa kai tsaye, daga Aristo sai Dekart, malamin falsafar Faransa, tsakani babu kowa. Bari in cike wannan gurbi.

Yammacin Turai ya daɗe ba shi da Aristo sai 'yan littattafan manɗiƙi da Boyetiyus ya fassara kafin a kashe shi wajen 524. Abin da ya fi tasiri a kansu a lokacin shi ne tunanin Aflatun, ta hannun Agustin, wanda shi ma ɗan Arewacin Afirka ne, daga Aljeriya ta yau. Bayan Kiristoci sun karɓe Ɗulaiɗila ta Andalus a 1085, sai garin ya zama wurin fassara daga Larabci zuwa Latin. Jerad na Kiremona, wanda ya rasu a 1187, shi kaɗai ya fassara littattafai fiye da 70. A ƙarni na 13 aka fassara sharhohin da Ibnu Rushdi na Andalus ya yi wa littattafan Aristo, suka shiga jami'o'in Paris da Italiya, har ya zama in an ce Mai Sharhi kawai, shi ake nufi, kamar yadda in an ce Mai Falsafa Aristo ake nufi.

Kuma su ma sun yi irin wannan rigima. A 1210 an hana koyar da littattafan Aristo na ɗabi'a a Paris. A 1277 babban limamin cocin birnin ya haramta maganganu 219, cikinsu har da cewa duniya ba ta da farko, mas'alar da Gazali ya kafirta a kai. Toma Akwinas, wanda ya rasu a 1274, ya ɗauki Aristo ya gina tauhidin Kiristanci da shi, yana ambaton Ibnu Sina da Ibnu Rushdi, wani wuri ya yarda da su wani wuri ya yi musu raddi. Yahudawa ma haka: Musa ɗan Maimun, haifaffen Ƙurɗuba, da Larabci ya rubuta littafinsa na daidaita Attaura da Aristo. Addinai uku, tambaya ɗaya: me za a yi da hankali idan ya yi kamar ya ci karo da wahayi?

Ɗan Jami'a: Wato dai Turawa a wajenmu suka sato komai. In ba don Musulmi ba da Aristo ya ɓace. Su kansu Girkawan ma a Masar suka sato.

Badamagare: Ɗan uwa, a yi hattara, kada mu gyara ƙarya da wata ƙarya. Asalin littattafan da Girkanci ba su ɓace ba, Rumawan Ƙusɗanɗiniyya sun adana su, kuma tun ƙarni na 12 akwai masu fassarawa kai tsaye daga Girkanci, irin Yaƙub na Benis, daga baya Wiliyam na Morbeke. Abin da Musulmi suka bayar ya fi ajiya daraja: ƙarnuka na sharhi, da gyara, da sababbin tambayoyi. In muka ce ajiya kawai muka yi, mun rage wa kanmu.

Maganar Masar kuwa, Girkawa ba su ɓoye ba. Hirodot ya ce awon ƙasa daga Masar ya zo musu, Aflatun ya kawo labarin wani malamin Masar da ya ce wa Solon ku Girkawa yara ne. Baƙaƙen rubutunsu daga Finiƙawa suka karɓa, lissafin taurari da yawa daga Babila. Amma tsara dokokin hujja a matsayin fanni mai zaman kansa, a littattafan Aristo aka fara ganinsa. Wanda ya koya ya ƙara ba ɓarawo ba ne, in ba haka ba mu ma sai a kira mu da sunan.

Likitan Karkara: Ni ta ɓangaren aikina zan yi magana. Duk wanda ya buɗe tsofaffin littattafan ɗibbu na Larabci zai ga maganar ruwayen jiki huɗu: jini, majina, safra'u da sauda'u, da rabon abinci da magani zuwa mai zafi, mai sanyi, mai danshi, mai bushewa. Wannan tsarin Abuƙiraɗ ne da Jalinus. A Indiya da Pakistan har yau akwai asibitocin da ake kira na maganin Yunani. Abin da nake so in ja hankali a kai: mutane da yawa suna ɗaukar wannan rabo kamar wani ɓangare ne na addini, alhali ra'ayin likitocin Girka ne, kuma binciken zamani ya bar shi.

Manyan likitocin Musulmi ba su ɗauke shi wahayi ba. Abubakar Razi ya rubuta littafi kan shakkunsa game da Jalinus. Ibnun Nafis, wanda ya rasu a 1288, ya ƙaryata maganar Jalinus cewa jini yana ratsa bangon tsakiyar zuciya ta wasu ƙofofi, ya ce ta huhu yake zagayawa, kuma shi ne da gaskiya. Ibnul Haisam ya yi wa Baɗlimus, masanin taurari na Iskandariyya, irin wannan a ilimin taurari da gani. Aristo kansa ya ɗauka zuciya ce mazaunin tunani, ƙwaƙwalwa aikinta sanyaya jini.

Ummu Sumayya: Akwai kuskurensa da ya fi wannan muni, kuma bai kamata mu 'yan Afirka mu wuce shi ba. A littafinsa na siyasa ya ce wasu mutane bayi ne a ɗabi'arsu, kuma ya ɗauki mace ƙasa da namiji a halitta. A 1550 a Bayadolid ta Sifaniya, malamin nan Sepulbeda ya tsaya da wannan hujjar ta Aristo yana halatta yaƙar mutanen asalin nahiyar Amurka da mallake su, wani malamin coci mai suna Las Kasas yana musa masa. Masu kare bautar da baƙar fata a Amurka ma sun jingina da ita daga baya. Gadon ba alheri ne zalla ba. Ahmad Baba, wanda ya karanta manɗiƙin nan, shi ne a fatawarsa ta 1615 ya ƙi yarda cewa launin fata dalili ne na bauta.

Abu Huzaifa: To kun ga. Mutum mai irin waɗannan kurakurai shi za a ba ma'aunin tunani? Ni dai ina nan kan bakata. Ku ba ni mas'ala ɗaya ta fiƙihu da aka rasa amsarta sai da manɗiƙi ya zo.

Almajirin Madabo: Ba aikinsa ba ne kawo hukunci, aikinsa tsare hanya. Ɗauki misali: duk mai sa maye haramun ne, burukutu yana sa maye, saboda haka burukutu haramun ne. Wannan shakali na farko ke nan, wato siga ta farko ta jera ƙiyasi: gabatarwa biyu su haifar da sakamako. Yanzu wani ya zo ya ce: giya haramun ce, giya daga inabi ake yin ta, saboda haka duk abin da aka yi daga inabi haramun ne. Kowa zai ji akwai matsala, amma ɗalibin Sullam zai sa yatsa a kan inda ta karye: ya yi hukunci a kan duka alhali gabatarwarsa a kan sashe take. Ka saurari jayayyar da ake yi a Facebook kullum, rabinta irin wannan ce. Ibnu Rushdi alƙalin Malikiyya ne a Ƙurɗuba, kuma duk wanda ya karanta Bidayatul Mujtahid ya ga yadda yake bin kowane saɓani har tushensa. Wannan tarbiyyar daga wani wuri ta zo.

Abu Huzaifa: Akaramakallahu, misalinka hujjata ce. "Duk mai sa maye haramun ne" hadisi ne, ba Aristo ya ba ka ba. Wannan ita ce maganar Ibnu Taimiyya: duk nauyin yana kan babbar gabatarwa, kuma manɗiƙi ba shi ke samar da ita ba. Ko dai wahayi ya ba ka, ko ka tattaro ta daga ɗaiɗaikun abubuwan da ka gani. In kuwa daga ɗaiɗaiku ka tattaro, to ka riga ka san hukuncin ɗaiɗaikun kafin ka jera ƙiyasin. Me ya ƙara maka?

Badamagare: Malam Abu Huzaifa, wannan da ka kawo ita ce suka mafi ƙarfi da aka taɓa yi wa ƙiyasin Aristo, kuma ina koyar da ita a aji. Wani Bagirke mai suna Sekstus ya faɗi irinta tun wajen ƙarni na 2 zuwa na 3, Baturen Ingila Jon Stuwat Mil ya maimaita ta a littafinsa na 1843. Ibnu Taimiyya ya rasu a 1328, shekaru 500 da ɗoriya kafin Mil. Amma ka lura, bai iya rubuta wannan raddi ba sai da ya karanci Ibnu Sina da Ibnu Rushdi da Fakhruddin Razi ciki da bai. Wanda bai san mene ne haddi, wato iyakance ma'anar abu, da burhani ba, ba zai fahimci shafi goma na littafin ba. Ko don ka gane raddin shehinka, sai ka bi ta Sullam.

Abu Huzaifa: Wanda ya ƙoshi da Alƙur'ani da Sunna ya karanta don raddi, wannan daban. Ni tsorona yaro ne da bai gama Arba'una ba a ɗora masa wannan. Nawa ne suka shiga da niyyar raddi suka fito da shakka?

Almajirin Madabo: A nan ba mu da saɓani, sharaɗin da Akhdari ya sa ke nan. Shi ya sa a tsarin zaure ba a fara wa yaro da shi. Sai ya yi nisa a fiƙihu, ya ratsa Ajuruma, ya shiga Alfiyya, sannan a buɗe masa Sullam dab da usulu da balaga, domin a nan zai bukace shi. Ɗan Zazzau, kai a ina kake a nahawu?

Ɗan Zazzau: Allah ya gafarta Malam, na sauke Ajuruma da Ƙaɗrun Nada, ina tsakiyar Alfiyya. Risala kuma na kusa saukewa.

Almajirin Madabo: To ci gaba da Sullam ɗinka, ka haɗa da sharhin Damanhuri, Idahul Mubham, shi ne mafi sauƙi ga mai farawa. Kada ka tsaya a haddar baitoci. Kowane shakali ka ƙirƙiro masa misali da Hausa daga fiƙihun da ka sani, ka kai wa malaminka ya duba. Babin hujjojin ruɗu da ke can ƙarshe, wanda ɗalibai kan bi da gudu don ɗokin sauka, ka zauna a kansa sosai. In ka gama, ka nemi taƙaitawar da Suyuɗi ya yi wa raddin Ibnu Taimiyya, ka karanta ta a gaban Malam Abu Huzaifa in zai karɓe ka.

Abu Huzaifa: Zan karɓe shi, da sharaɗin ya zo da Bulugul Maram ɗinsa mu fara da shi tukuna.